Kawu da Samarin da Ya Kai Masana'antar Ƙarfe

Daga Allah muka zo, gare Shi za mu koma, kuma Kawu, yayan mahaifiyata, ya riga mu komawa ranar wata Laraba da hantsi, a gidansa da ke unguwar Takur, a cikin Dutse. Ya jima yana fama da ciwon ƙirji, don haka rasuwar ba ta zo wa kowa da mamaki ba. Abin da ya ba mutane mamaki shi ne taron.

Ni ina cikin gida tare da mata, abin da ya faru a waje ji na yi. An ce masu walda na Yalwawa sun rufe shagunansu sun taho a jere, wasu ko kayan aiki ba su tsaya cirewa ba. Maƙwabta suka yi ta tambayar juna ko wannan tsoho mai shiru-shiru wani shugaba ne a wurinsu. Mutanen ƙauyenmu kuma suka iso a bayan a-kori-kura bayan an dawo daga maƙabarta. A cikinsu akwai wani dattijo da ba ya ji sosai, saboda haka da ƙarfi yake magana, har mu na ciki muka ji shi. Cewa ya yi Allah ya jiƙan mutumin nan, ya ƙare rayuwarsa yana jin kunyarsu, su kuma ba su taɓa ce masa ya daina ba.

Dada, matar Kawu, tana zaune da carbinta tana amsa gaisuwa kamar yadda ya kamata. Inna, mahaifiyata, ita ce ta kasa. Ba ta yi kuka da sauti ba. Ta juya fuskarta wajen bango, duk wadda ta ce mata sai haƙuri sai ta amsa, sannan ta ƙara da cewa, “Ya tafi bai shiga ɗakina ba.” Matan unguwa ba su gane ba, suka ɗauka zafin rashi ne. Ni na gane. Ina so in rubuta abin da na sani a kansa tun waɗanda suka san shi suna da rai, don kada jikokinsa su tashi da sanin cewa mai walda ne kawai, ko kuma injiniya ne kawai, kamar yadda muka fi son faɗa.

Mu asalinmu makiyaya ne, daga wani ƙauye a bayan duwatsun Dutse. Kawu ne farkon wanda ya yi boko a gidansu. Tun kafin Dutse ta zama babban birnin jiha aka ɗauke shi aiki a wata babbar masana'antar ƙarfe da ke wata jiha, tafiyar wuni guda a mota. Suka tura shi wata ƙasa mai sanyi ya koyo aikin tanderun da ake gasa manyan sandunan ƙarfe a ciki har su yi ja, kafin a bi da su cikin injuna su fito rodin gini. Da ya dawo ya yi shekaru a bakin tanderun, daga baya aka ba shi koyar da sababbin ma'aikata.

Ina yarinya lokacin, amma ina tuna zuwansa hutun salla, da takalmi sau-ciki da rediyo, da ƙamshin sabulun da ba irin namu ba. Ba zan ɓoye ba, a shekarun nan Kawu yana ji da kansa. Wata salla ya zauna da dattawa a gindin tsamiya ya ce musu burtali yana ƙara matsewa, gonaki sun cinye makiyaya, ya kamata samari su koyi wani abu. Wannan gaskiya ne, kowa ya sani. Sai dai bai tsaya nan ba. Ya ƙara da cewa duk wanda ya bar ɗansa a bayan shanu ya cuce shi. Ya faɗi haka a gaban mutanen da iyayensu da kakanninsu ba su san wani aiki ba sai bin shanu. Bayan sallar ya tafi da samari da dama, a cikinsu har da yayana, wanda muke kira Hamma.

Mahaifinmu ya riga ya rasu, Hamma ne ke kiwon shanun da ya bar mana. Da ya tafi babu mai bin su. Inna ta ba da wasu kiwo a hannun dangi, ta sayar da wasu, a hankali suka ƙare. Haka ya faru a gidaje da yawa. Da farko ba wanda ya damu, don samarin suna dawowa da atamfofi da buhunan shinkafa, iyaye mata suna sa wa Kawu albarka.

Sai ƙarfen da ake gasawa ya fara yankewa. A yi aiki mako guda a zauna wata guda. Daga baya zaman ya fi aikin yawa, su tafi da safe su zauna a inuwa su dawo da yamma. A ƙarshe aka sayar da masana'antar aka sallame su. Kafin su watse an tara su a wani ɗakin taro an yi musu bita, wai don su sami abin yi. Sau ɗaya na ji Kawu ya ba da labarin. Ya ce wani yaro mai kwat ya tsaya da allo ya nuna musu yadda ake haɗa sabulu da yadda ake kiwon kifi, aka tafa, aka raba ruwan leda, aka ce kayan aiki suna nan tafe. Ya ce yana zaune a gaba, bai iya waiwayawa ya dubi samarin da ya kawo ba.

Matsalar ita ce aikin da ya koya musu ba ya bin mutum gida. Wannan ya iya duba ma'aunin zafi, wancan ya iya datse rodi idan ya zo wucewa da gudu. Hamma kuwa injin ɗaga kaya yake tuƙawa, irin wanda ke yawo a can saman rufin masana'anta, kuma an ce ya ƙware. A duk ƙasarmu babu irin wannan inji. Suka dawo manya, wasu da mata da 'ya'ya, babu shanu, babu gona mai kirki, ga sana'a a ka amma babu inda za a yi ta.

A lokacin Inna ta riga ta dawo unguwar Limawa a cikin Dutse tana sayar da fura, da nonon da take saya a hannun wasu. Kawu ya zo gaishe ta, ya shiga ɗakinta ya zauna a bakin gado kamar yadda ya saba. Ina nan ina dama masa fura. Ba ta ɗaga murya ba.

Ta ce, “Yaya, ka karɓi yaron nan da sanda a hannunsa. Dubi yadda ka dawo mini da shi.”

Kawu ya ce, “Haka ne.” Ya tashi ya sa takalminsa.

Daga ranar bai sake wuce zaure ba. Bai yanke zumunci ba, duk Juma'a idan an sauko daga masallaci sai ya zo, ya tsaya a zaure ya yi sallama, ta amsa daga tsakar gida, su tambayi lafiyar juna da ta yara. Ta aika masa fura ya sha a nan. Na san Inna ta yi nadamar maganarta tun a makon, don na ji tana gaya wa wata ƙawarta. Amma a irin tarbiyyarsu ƙanwa ba ta kiran yayanta ta ce zo mu yi magana, shi kuma bai ga yana da fuskar da zai shiga ba. Mu 'ya'ya muna kai kofi muna dawo da kofi, muka saba da abin har ya zama kamar haka ake yi.

Ƙauye ma ya daina zuwa salla. Idan an yi rasuwa zai je, ya tsaya a sahun baya, ana shafa fatiha ya hau babur. Gindin tsamiyar nan kewaye shi yake yi.

Wata rana ya tafi shagon wani mai walda a Yalwawa, yaro sa'an 'ya'yansa. Dutse tana ta cika da gine-gine a lokacin, kowa yana neman ƙofa da taga da ƙafar tankin ruwa. Mai shagon ya ɗauka ƙofa ya zo sayo, ya jawo masa benci. Kawu ya ƙi zama, ya ce koyo ya zo. Mai shagon ya ce ya yi ta ƙoƙarin zamewa, yana cewa ai Baba ku ne manyanmu a harkar ƙarfe. Kawu ya ce masa shi gasa ƙarfe ya iya, bai iya haɗa shi ba, kuma idan za a koya masa, a koya masa kamar kowa.

Mu dangi abin bai yi mana daɗi ba. Mutumin da ya hau jirgi, mai furfura, yana tsugune a bakin titi yana goge tsatsa. Ga kuma abin da ba a faɗa a fili, cewa a wurin mutanenmu aikin maƙera ba namu ba ne. Wani ɗan'uwanmu da ke aikin ofis ya same shi ya ce ya zauna a gida, za a haɗu a ɗauki nauyinsa. Kawu ya yi godiya, washegari ya koma shago. Idan aka tambaye mu me yake yi yanzu, sai mu ce yana duba wani aiki a Yalwawa. Dukanmu haka muke cewa, kamar an haɗa baki, kuma ba a haɗa ba.

Kuma ba wai hannunsa ya faɗa da wuri ba. Idonsa ya fara rauni, hannunsa yana ɗan rawa. Waldarsa ta farko tudu-tudu take fita, a buga guduma ta rabu. Yaran da suka zo bayansa suka wuce shi. Shi dai idan ya gama sai ya ɗaga baƙin gilashin ya duba, ya ce, “A sake.” Ya kankare ya sake. Har suka sa masa suna Baba A-sake, kuma yana amsawa. Har ya rasu bai zama gwanin da ake nunawa ba. Ya dai kai inda ƙofarsa ba ta ɓallewa, garmar da ya gyara tana kai ƙarshen damina.

Sai da ya kai nan muka gane abin da ya sa ya je. Ya kama wata rumfa kusa da shagon maigidan nasa, ya fara neman samarin nan ɗaya bayan ɗaya. Wasu suna gadi a Kano, wasu suna tura kurar ruwa, wasu suna zaune a ƙauye. Ba ya zuwa gidajensu, don kada ya haɗu da iyayensu. Ranar kasuwar Shuwarin yake zuwa ya tsaya a inda ya san za su wuce. Idan ya sami mutum sai ya ja shi gefe ya ce masa wancan aikin da ya koya masa bai amfane shi ba, ya zo ga wani, wannan ana iya ɗora shi a bayan babur.

Ba duka suka zo ba. Wani ya rasu a hanyar kudu kafin a kai gare shi. Wani ya ce masa a tsakiyar kasuwa sau ɗaya ake bin sa, Kawu ya ce ya ji, kuma bai sake damun sa ba. Amma da yawa sun zo. Akwai wanda inji ya cinye wa yatsu a masana'anta, ya ce shi ba zai iya riƙe ƙarfe ba. Kawu ya yi makonni yana ɓata guntaye har ya haɗa masa wani abin matsewa da ake takawa da ƙafa. Mutumin nan yanzu amalanken shanu yake ƙerawa a ƙauyensu, yaransa suna taya shi. Ya zo ta'aziyya, ya zauna a ƙofar gida har magariba.

Idan sun iya, ba ya riƙe su. Yakan ce su tafi inda babu mai walda, kada su taru a Dutse suna ƙwace wa juna ƙofa ɗaya. Yana kuma matsa musu su riƙa leƙa shagunan yara, su ga abin da aka shigo da shi sabo. Da ƙananan injunan walda masu aiki da hasken rana suka fito, shi da kansa ya koma wurin wani ɗalibin ɗalibinsa ya tsuguna. A lokacin tari ya riga ya kama shi.

Hamma ne farkon wanda ya nema, shi ne kuma bai zo ba. Kawu bai haifi namiji ba, 'ya'yansa mata duk suna aure a wasu garuruwa, kowa ya san Hamma ne ɗansa. Ya aika masa, Hamma ya ce zai zo. Bai je ba. Ya tafi kudu ya yi acaba shekaru, ya dawo da ciwon baya, yanzu keke mai ƙafa uku yake ja a cikin Dutse. Idan fasinja ya ce Yalwawa, ta wani layin yake bi. Idan Kawu yana zaure ranar Juma'a, Hamma zai durƙusa ya gaishe shi, kansa a ƙasa, ya wuce. Duk muka ce fushi ne. Kawu ma haka ya ɗauka.

Wata rana na biya ta rumfarsa bayan an tashi daga makarantar da nake koyarwa. Ya ɗauko wani murhun gawayi da ya yi, mai kauri, ya goge bakinsa sumul don kada ya yanki yara. Ya ce in kai wa matar Hamma, in ce a kasuwa na saya. Na ce me zai hana in ce daga gare shi ne. Ya ce a'a, kada a ƙi amfani da shi. Sannan ya ce, “Yana da gaskiyarsa. Ni na raba shi da shanun ubansa.” Na kai murhun na ce a kasuwa na saya.

Da ciwo ya kwantar da shi, Inna tana zuwa Takur kullum. Ta zauna a gefen katifarsa, su yi maganar magani da ta ruwan sama da bai sauka ba, da ta mutanen da suka rasu tun suna yara. Ina jira in ji ɗayansu ya ɗauko wancan zance, ba wanda ya ɗauko. Hamma ne ke kawo ta a kekensa. Sai ya ajiye ta a ƙofar gida, ya koma bakin titi ya zauna a cikin keken har ta fito. Kawu yakan tambaya ko yana lafiya, a ce yana lafiya, yana waje. Sai ya gyaɗa kai.

Ranar rasuwar Kawu, liman ya tambayi wa zai yi masa wanka a cikin dangi. Hamma ya miƙe. Shi da mai shagon Yalwawa suka yi.

Bayan sadakar uku, da la'asar, Hamma ya ɗauke ni zai mayar da ni Limawa. Mun yi nisa sai ya gangara gefen titi ya kashe keken. Bai juyo ba, bayansa nake kallo. Ya ce yana so in san bai taɓa fushi da Kawu ba, ko na rana ɗaya. Ya ce masana'antar nan ba Kawu ne ya rufe ta ba, kuma shekarun da ya yi a saman injin nan su ne mafi daɗi a rayuwarsa.

Na ce to me ya hana shi zuwa.

Ya ce ai ya je. Tun Kawu yana koyo, kafin ma ya aika masa. Ya ji labari bai yarda ba, ya tafi ya gani. Ya tsaya a tsallaken titi sai ya ga Kawu a tsugune, mai shagon yana tsaye a kansa da wata taga a hannu, yana yi masa faɗa a gaban yara cewa ya ɓata masa ƙarfe, aikin mutane ne ba na wasa ba. Kawu ya cire hularsa ya ce, yi haƙuri maigida. Wannan mutum da idan ya shigo masana'anta ma'aikata ke miƙewa.

“Da na tsallaka, da ya san na gani,” in ji Hamma. “Kuma duk ranar da na zauna a gabansa zai gani a fuskata. Sai na ga gara ya ɗauka fushi nake yi.”

Ya share fuskarsa da hannun riga ya tayar da keken.

Akwai abin da na sani a lokacin, na kasa faɗa masa. Kwana ɗaya kafin nan mai shagon ya shigo zaure yi wa Dada gaisuwa, ina kusa. Yana kuka ya roƙe ta gafara a kan wannan faɗa na taga, ya ce ƙuruciya ce, abin yana damun sa har yau. Dada ta ce ya kwantar da hankalinsa. Ta ce ranar Kawu da fara'a ya dawo gida, ya ce mata yau an fara koya masa da gaske, an daina jin nauyinsa. Ta ce babu ɗalibin da ya zauna a rumfarsa bai ji labarin tagar nan ba, yana bayarwa yana dariya har tari ya sarƙe shi. A duk abubuwan da Kawu ya ji kunyarsu, wannan ba ya ciki.

Na buɗe baki a cikin keken, na dubi bayan Hamma, na rufe. Ya sauke ni a ƙofar gida, na ce ya gaida gida, ya ce za su ji. Mu haka aka yi mu, kuma na gaji da ganin abin da hakan ke ci mana. Shi ya sa na rubuta a nan. Hamma ya iya karatu.

Allah ya gafarta wa Kawu maganar da ya yi a ƙuruciya, ya karɓi shekarun da ya yi yana gyara ta. Ya sanyaya masa makwanci, shi da ya ƙare rayuwarsa a gaban wuta. Mu da muka rage, Allah ya buɗe mana baki tun masu jin mu suna nan.